Madam Hajjo: Ƙyalle Biyar, Kwana Huɗu

Duk wanda ya zauna unguwar Kirkissoye ta Yamai ya san ƙarfe bakwai saura kwata ba sai ya duba agogo ba. Lokacin ne Madam Hajjo Ousmane ke fitowa daga lungunsu, baƙar jaka a kafaɗar hagu, lema a hannun dama ko da hadari ko babu, tana tafiya irin ta wanda bai makara ba kuma bai da niyyar tsayawa hira. Wuri ɗaya tak take tsayawa, wajen mai ƙosai ta bakin kwalta, ta gaishe ta da "fofo" na Zabarmanci, ta karɓi ƙullinta ta wuce. Kafin yara su gama tururuwa a ƙofar lise, wato babbar sakandare, ta riga ta share allonta da kanta, ta rubuta kwanan wata a kusurwa, ta zauna tana jiransu. Shekara talatin da uku tana haka. Mayafinta kuwa, ko wane launi ta sa da safe, kafin azahar ya yi fari wajen kafaɗa saboda alli.

A ƙarshen watan Yuni na bana ta ajiye aikin. Aka yi ɗan taro a farfajiyar makaranta, aka sha lemo, aka ba ta turmin atamfa da agogon bango, wani ya miƙe ya yi dogon jawabi da faransanci wanda rabinsa a kan kansa ne. Ina zaune can baya haushi na cina. Ba wanda ya faɗi abin da ya kamata a faɗa, ni ma da na san shi nauyin baki ya hana ni miƙewa, shi ya sa yau na ɗauki bik, wato biro, na hau rubutu. Ina da ɗiya mai shekara biyar. Da matar nan irin mutanen da ke iya ganin lissafi ba daidai ba su kau da kai ce, da ban san ko ina da yarinyar da zan nuna muku yau ba.

Sunana Isma'ila. Iyayenmu ƴan Maradi ne. Ɗinki ya kawo mahaifinmu Yamai, ya gina gidan ƙasa a tsallaken kogi, can ƙasa-ƙasa kusa da digi, wato tudun jar ƙasar da aka tara don ya tare wa unguwa ruwa. Nan aka haife mu. Da ya rasu, yayana Alu ya gaji keken ɗinkin da riƙon gida, ni aka bar ni lakkol, karatun boko. A lise na faɗa hannun Madam Hajjo shekara biyu, kuma ba zan yi muku ƙarya ba, ban taɓa shiga sahun gaba a ajinta ba. In ka buɗe kayena, littafin aikina na lissafi, jan bik ɗinta ya fi shuɗin nawa yawa.

Akwai darasi guda da duk wanda ya bi ta hannunta yake tunawa. Littafi na kiransa *suite arithmétique*, ita kuwa ta ce mana jeri ne mai taku ɗaya: lambobi na bin juna, kowace ta ɗara ta bayanta da adadi guda da ba ya canzawa. Bakwai, sha ɗaya, sha biyar, sha tara. Huɗun nan da ake ƙarawa kowane karo shi ne *raison* a littafi, shi ne taku a bakin Madam. In lambobin na jere a gabanka ba wuya, ka cire ta baya daga ta gaba ka gama. Inda ake zubewa shi ne in ta ba ka ta farko da ta biyar kaɗai, bakwai da ashirin da uku, ta ce nemo takun. Mu cire mu sami sha shida, sai mu raba da biyar tunda an ce ta biyar, mu yi ta fama da ragowa muna gumi.

Ba ta yin faɗa. Littafin take rufewa ta ce mu fito waje. Ta jera mutum biyar cikin rana, ta sa na shida ya tsaya gaban na farko, ya yi ta tsalle daga gaban wannan zuwa gaban wancan har ya kai ƙarshe.

"Mutum nawa ke tsaye?"

"Biyar, Madam."

"Tsalle nawa ya yi?"

Sai a hau ƙirgawa da yatsu a ɓoye. "Huɗu."

"To mi ya sa kuke raba da biyar? Lambar farko ba ta yi tafiya ba, yarana, nan aka tarar da ita."

Ita Ba'adara ce, daga Tahoua ta zo, kuma shekarun Yamai ba su goge mata harshe ba. Mukan kwaikwayi "mi" ɗinta a bayan idonta, ta sani sarai, ba ta taɓa kula mu ba.

Kafin in rubuta wannan na nemi waɗanda suka fi ni riƙe karatun. Farida, wadda yanzu ita ma lissafi take koyarwa a Zinder, ta ce mini shekara uku cur Madam na tara su a gidanta kowace Asabar da safe, su ƴan mata tara, ƙarƙashin bishiyar dogon yaro, kuma ranar da uwar wata ta aiko da kaji biyu na godiya, a tukunya ɗaya aka dafa su suka cinye tare. Salim, mai lambun zogale a Tondibia, ya yi dariya har da riƙe ciki. Ya ce shi abin da ya sani, tun da ya fara shinge bai taɓa saro turaku suka kasa shi da guda ɗaya ba, alhali maƙwabtansa kullum sai sun koma neman cikon na ƙarshe. Ni kuwa na ci bak, jarrabawar ƙarshen lise, da ƙyar, na sami kujera a wani ofishin gwamnati, na share lissafi daga kaina tas.

Shekarar da kogi ya yi babbar cika, ƙarshen watan Agusta, matata Samira ta haihu ranar Lahadi. Ɗiyarmu ta fari ce. Aka dawo da su daga asibiti aka shigar da su ɗakin ƙurya, wanda ya fi kowane kusa da digi, Inna mahaifiyarmu ta hura wutar wankan jego. Suna sai Lahadi ta zagayo. Alu ya sayo rago ya ɗaure, ya aika wa dangi Maradi, aka ce mota guda za su cika su iso ranar Asabar.

Amma ruwa na hawa, kowa na gani. Jan ruwa ne mai kauri, irin na damina, yana tafe da ciyayi da rassan itace. Wasu a unguwa sun fara kwashe kaya. Muna da wurin zuwa, gidan Gwaggo Zeinabu ƙanwar mahaifinmu a unguwar Dar es Salam, can kan tudu. Sai dai Inna ta ce maijego ba ta ƙetare ƙofar gida kafin suna, kuma duk jikokinta a tsakar gidan nan aka raɗa musu suna, ba za a fara sabon abu a kan wannan ba. Alu bai so ya saɓa mata, bai kuma so ya yi ganganci, sai ya yi abin da ya iya, ya kama awo.

Tun ranar Asabar, jajibirin haihuwar, ya samo doguwar gora. Kowace safiya bayan sallar asuba ya je bakin digi, ya tsoma ta a wuri guda kan wani dandamalin siminti, ya zaro, inda jiƙa ta tsaya ya ɗan tsaga da wuƙa ya ɗaura ƙyalle daga ragowar ɗinkinsa. Can sama ya ɗaura ja, daidai tsayin bakin digi. Ranar Laraba ƙyallaye sun zama biyar. Ya shimfiɗa metir ɗinsa daga na ƙasa zuwa na biyar, santimetir sittin. Daga na biyar zuwa jan, sittin kuma. Ya ɗauki allin ɗinki ya rubuta a bangon zaure: sittin raba biyar, sha biyu. Ruwa na hawa sha biyu kullum, saura sittin, ke nan sai Litinin zai kai baki. A yi suna Lahadi da safe, da la'asar kamiyo, babbar motar kaya, ya zo a kwashe kowa.

Ya kira ni. "Kai mai bak, zo ka duba mana."

Na duba gora, na ƙirga ƙyallaye, biyar. Na duba bango. Na ce, "Daidai ne, Yaya." Har da gyara tsayuwa na yi, don ba kullum ake neman shawarata a gidan nan ba. Har gobe ban manta wannan kalma tawa ba.

Da la'asar ɗin ranar Madam Hajjo ta zo barka. Hutun makaranta ne, kuma gidanta lungu uku ne daga namu. Ta shigo da sabulu da ƴan kayan jarirai a leda, ta yi sallama, ta sa ƙafa ɗaya a zaure, sai ta tsaya. Na ga idonta ya bar fuskata ya koma bango, daga bango ya koma kan gorar da ke jingine. Kallon nan na san shi, shi take yi kafin ta buɗe jan bik.

"Wa ya yi wanga aiki?"

"Ni ne, Malama," in ji Alu daga kan kekensa. Ya yi mata bayani tiryan-tiryan, yana jin daɗin kansa.

"Awon ya yi kyau," ta ce. "Wa ya duba lissafin?"

Ta dube ni ta saman tabarau, ta ce, "Isma'ila, ashe a banza na tsayar da kai cikin rana." Ta ajiye ledarta, ta ce wa Alu ya kawo metir ɗinsa ya auna mata daga ƙyallen farko zuwa na biyu kawai.

Ya auna. "Sha biyar."

"Na gaba."

"Sha huɗu." Sannan sha shida, sannan sha biyar. Ya ɗaga metir zai auna na biyar, ya rasa inda zai ɗora shi.

"Ƙyalle biyar gare ka, Alu, amma ruwa sau huɗu ya hau. Na Asabar nan ka tarar da shi. Sittin raba huɗu, sha biyar. Saura sittin, kwana huɗu ke nan. Alhamis, Juma'a, Asabar, Lahadi. Lahadi da safe ruwa na bakin digi, lokacin da liman ke zaune a ƙofar gidanku."

Alu mutum ne mai ladabi, amma in ya kafe sai Allah. Ya naɗe metir ɗinsa a hankali ya ce, "Malama, shekara ashirin ina awo, ban taɓa yanka wa mutum riga ta kasa shi ba. Ko na yarda da naki, sha biyu da sha biyar bambancin uku ne. Faɗin yatsa biyu. A kan faɗin yatsa biyu za a tashi maijego, a kwance rago, a ce wa mutanen Maradi su juya?"

"Uku yau, uku gobe, uku jibi, uku gata," ta ce. "Sha biyu ke nan. Su ne sha biyun da kake tsammanin za su rage maka ranar Lahadi. Babu su, Alu. Kuma ban yi maka alkawarin kogi zai riƙe takunsa ba, bai zauna ajina ba. In an yi ruwa can sama zai ƙara. Abin da na sani shi ne ba zai rage don an gayyaci mutane ba."

Muryoyin ne suka fito da Inna daga cikin gida, hannunta duk toka. Aka gaisa, aka yi barka. Da ta ji zancen tashi sai ta ɗaure fuska ta ce ita ba ta yi lakkol ba, amma ta san abin da ake yi da abin da ba a yi. Na ɗauka shi ke nan, an rufe magana. Madam ta jawo kujera ƴar tsugune ta zauna kusa da ita.

"Inna, jikar taki kwananta nawa yau?"

"Uku mana."

"Lahadi, Litinin, Talata, Laraba. Ba huɗu ba?"

Inna ta yi mata kallon mamaki. "Haba ƴar nan, wa ke ƙirga ranar haihuwa? Ai ba ta kwana ba tukuna. Kwana ake ƙirgawa."

"To gorar Alu tun Asabar aka fara tsoma ta. Kwananta nawa?"

Ko yatsa Inna ba ta ɗaga ba. "Huɗu."

Madam ta juyo ta dube mu, ni da Alu, ta ce, "Kun ji. Da tela da mai bak, Inna ta fi ku." Inna ta yi ƙoƙarin ɓoye murmushi da bakin zane ta kasa. Daga nan ta daina kallon Madam a matsayin baƙuwar da ta zo rushe mata al'ada, ta koma tambayar Alu me ya sa ya ce biyar.

Duk da haka Alu bai sauko ba, Madam kuma ba ta nemi ta kunyata shi gaban uwarsa ba. Ta ce ya ba ta zare. Ya ɗaura shuɗi santimetir sha biyu sama da ƙyallen Laraba, ita ta ɗaura fari a sha biyar. Ta ce, "Gobe da safe ka tsoma. In ruwa ya tsaya a naka, ni zan zo in tuƙa tuwon suna da hannuna a gidan nan, in kuma ba ka haƙuri gaban kowa." Sannan ta shiga ta ga jaririya, ta sa mata albarka, ta tafi.

Alhamis da muka fito masallaci na bi Alu bakin digi. Mun tarar da ita can tsaye da lemarta, ta riga mu. Ya tsoma gora, ya daɗe bai zaro ba. Da ya zaro, shuɗin zarensa ya jiƙe sharkaf, jiƙar ta haura har ta taɓa farin ta ɗan gota shi. Ya sa metir duk da haka, sha shida. Madam kuwa kogi take kallo. Alu ya share hannunsa a riga, ya ce mini ba tare da ya dube ni ba, "Je ka nemo kamiyo. Ni zan yi wa Inna magana."

Ban san abin da ya faɗa wa Inna ba. Na dai san Juma'a da hantsi ta lulluɓe Samira da babban bargo duk da zafi, ta rungume jaririya da kanta, ta fita daga gidan mijinta tana hawaye ba ta waiwaya ba. Aka ɗora gado da keken ɗinki da tukunyar wanka da rago, muka haye gada. Aka buga wa mutanen Maradi aka ce su sauka Dar es Salam. Wasunsu sun yi gunaguni, wata ƴar'uwar Inna ta ce ƴan boko sun fara koya wa tsofaffi yadda ake jego.

Alu bai kwana a can ba, ranar ya koma. Juma'a da yamma da wunin Asabar shi da Madam suka bi lungunanmu gida-gida, shi ɗauke da gora, ita tana bayani da Hausa, in an kai gidan Zabarmawa ta juya harshe. Maƙwabcinmu Oumarou direba ya ba ni labari. Ya ce ba ta tsoratar da kowa ba, ba ta ce za a mutu ba. Takan sa mai gida ya riƙe metir da hannunsa ya auna tsakanin ƙyalle da ƙyalle, ya ƙirga kwanakin da kansa, ta ce masa, "To ka gani, sauran shawara taka ce." Gida goma sha ɗaya suka kwashe a kwana biyun nan. Wasu sun ce sun ga cikar da ta fi wannan, suka zauna.

Lahadi da safe aka shimfiɗa tabarmi a ƙofar gidan Gwaggo Zeinabu. Liman ya zauna, ana raba dabino da goro, mahauci na wasa wuƙa. Mun riga mun tsayar da suna tun ranar haihuwa, Hadizatu, sunan Inna. Ana jiran wani dattijo ya iso sai wayar Alu ta yi ƙara. Oumarou ne, yana tsaye a kan kwalta. Ya ce ruwa bai ma jira ya kai baki ko'ina ba, ya sami inda ƙasa ta jiƙa ta yi laushi ya fasa, yanzu haka ya kai gwiwa a lungunmu, waɗanda suka zauna na fitowa da yara a wuya. Ba a yi asarar rai a lungunanmu ba, Allah ya kiyaye. Amma kafin azahar ɗakin ƙurya, inda Samira da jaririya suka yi kwana biyar, ya zauna gaba ɗaya, rufin ya sauka daidai inda gado yake. Da idona na gani bayan sati biyu, ƙyauren ƙarfe kaɗai ke tsaye.

A safiyar nan ba mu san da wannan ba tukuna. Abin da muka sani shi ne a daidai wannan lokaci da tsakar gidanmu cike take da mata da yara da tukwane a kan wuta. Alu ya tashi ya shiga ciki wajen Inna, na bi shi. Ta saurara har ya gama, tana kallon jaririya a cinyar Samira. Sannan ta ce, "Ku ce wa liman ya dakata. Ni na yafe nawa. Sunan malamar nan za a sa."

Samira ta ɗaga kai ta ce ta yarda. Ni ma. Sai Alu ya tambaye ni, "Mene ne sunanta na yanka?"

Ban sani ba. Hajjo laƙabi ne, kowa ya sani. Shekara biyu ina ajinta, fiye da shekara ashirin muna unguwa ɗaya, ban taɓa tambaya ba. Aka tambayi matan da ke ɗakin, wata ta ce Hajara, wata ta ce a'a, ta ji kamar Hadiza ce. Aka leƙa waje aka tambayi maza, cikinsu har da mutum uku da ta koyar. Babu wanda zai iya rantsewa. Liman na jira, rago na jira, mu kuwa mun rasa sunan matar da ta fitar da mu.

Alu ya buga mata. Ya sa a bayyane don Inna ta ji. Hayaniya ce ta fara shigowa, kukan yara da jan bencina. Tana lise, ta sa mai gadi ya buɗe azuzuwa ana shigar da waɗanda ruwa ya kora.

"Alu, kuna lafiya? Maijego fa?"

"Lafiya lau, Malama. Gidanki fa?"

"Ruwa na ciki. Bar wannan. Mi ya faru?"

"Malama, sunanki na yanka muke tambaya."

"Sunana? Mi za ku yi da shi yanzu?"

"Liman ne ke jira."

Hayaniyar mutane kawai muke ji. Na ɗauka layin ya yanke. Matar da ban taɓa jin ta rasa amsa ba, sai da Alu ya ce "Malama?" sau biyu. Sannan ta ce, da wata murya da ban san ta da ita ba, "Hajara. Tun da uwata ta rasu ba wanda ya kira ni da shi."

Alu ya fita ya durƙusa ya raɗa wa liman. Aka shafa fatiha, maroƙi ya ɗaga murya ya sanar wa mata, ni kuwa ina tsaye a bayan ƙyaure ina kuka kamar ƙaramin yaro, ban ji kunyar kowa ba.

Madam, ke ce kika shigo barka da ledar sabulu kika ƙi wuce bangon zaure. Ke ce kika gyara wa babban mutum kuskure ba tare da kin zubar masa da girma ba, kika nuna wa tsohuwa cewa abin da ta sani tun tana budurwa shi ne abin da ke cikin littafinku. Ke ce kika yi kwana biyu kina kwashe gidajen mutane, katangar naki gidan da madafarki suka tafi, ba ki taɓa ambata ba sai a bakin maƙwabta muka ji. Hajjo ta Ader, mai jan bik, uwar lissafin Harobanda, tsallaken kogin namu. Na gode, Samira ta gode, Alu ya gode, Inna kullum sai ta sa ki a addu'a. Allah ya ba ki lafiyar cin hutunki, ya saka miki da abin da mu ba mu iya biya ba.

Ku kuma malamai masu tasowa, ga wadda za ku kalla. Ba sabon littafi ta rubuta ba, ba ta taɓa fita a talabijin ba. Ta dai ƙi yarda yaro ya haddace abin da bai taka da ƙafarsa ba, ta kuma ƙi yarda cewa aikinta ya ƙare a ƙofar aji. In kun ga kuskure a bangon wani ku tsaya, ko da gaisuwa ta kawo ku, ku kuma gyara shi yadda mai shi zai iya haɗa ido da ku gobe.

Sauranmu da aka koyar muka watse, kowa na da wani Mushe, kamar yadda muke kiran malamai maza, ko wata Madam da ya bari a baya, yana nan a wani lungu yana tsufa. Kada ku jira sai liman na zaune kamar yadda muka yi. Ku je ku gaishe shi tun yana ji, ku tambaye shi sunan da uwarsa ke kiransa da shi.